Cin Gasa Dabam, Riƙon Sana'a Dabam

A shekarar 2008 wata yarinya 'yar ƙasar Suwidin, mai suna Zara Larsson, ta ci gasar gwaninta ta talabijin da ake kira Talang, tana da shekara 10. Ladanta kurona 500,000. Amma daga nan sai shiru, har 2012, sa'ad da kamfanin faifai na TEN ya ɗauke ta. Waƙarta "Lush Life" ta 2015 ita ce ta baza sunanta a Turai.

To, jama'a, abin lura shi ne, gasa ta kan ba da suna, amma ba ta ba da sana'a. Ya kamata iyaye su gane, ranar da yaro ya ci gasa, ran nan wahalarsa ta fara.