Gundumar Hakimi a Arewacin Kano: Tarihin da Muka Bar wa Razdan

Duk malamin da ya daɗe yana duba kundayen ɗalibai a sashen Hausa ya san babin da ake kira tarihin yankin bincike. Ɗalibi zai ɗauki ƙaramar hukuma, a ce Tsanyawa ko Minjibir, ya jero iyakokinta gabas da yamma, kudu da arewa, sannan ya koma kan maharbin da ya sari garin. Tsakanin maharbi da ciyaman ba ya ganin kowa. Abin da yake tsallakewa shi ne gunduma, wadda a ƙarƙashinta aka ƙirga manoman karkarar Kano, aka auna gonakinsu, aka karɓi harajinsu har kusan shekara saba'in. Ra'ayina shi ne mu manazarta Hausa mun yi sakaci da tarihin gundumomin nan, kuma rubuta shi da Hausa, ƙauye bayan ƙauye, aiki ne da ya rataya a wuyanmu.

Gunduma a siffar da muka san ta ba ta kai tsufan da ake zato ba. Kafin Turawa su ci Kano a Fabrairun 1903, akasarin hakimai a birni suke zaune. Garuruwan da ke hannun kowannensu a warwatse suke, wannan a arewa, wancan a kudu, jakadu ke kai da kawowa tsakaninsa da su. Sarakunan tsofaffin garuruwa irin su Rano da Gaya da Ƙaraye da Dutse ne ke zaune a ƙasashensu. A zamanin Sarki Abbas, wajen 1907 zuwa 1908, Razdan Cargill ya sa aka tattara garuruwa maƙwabtan juna wuri guda, aka tura hakimai su tare a can. Ta wannan hanya Ɗambatta ta zama mazaunin Sarkin Bai, Dawakin Tofa ta zama ta Madaki. Bichi kuwa ta shahara da 'ya'yan sarki: Abdullahi Bayero ya riƙe ta yana Ciroma kafin ya hau gadon sarauta a 1926.

Lardin Kano kansa bai zauna a siffa ɗaya ba. Da farko ya haɗa da Katsina da Daura da Katagum. Daga baya Katagum ta koma Lardin Bauchi, Katsina ta zama lardi mai zaman kansa a 1934. An kafa Jihar Kano a 1967, gyaran ƙananan hukumomi na 1976 ya kawo ƙarshen mulkin En'e, an cire Jigawa a 1991, yau kuma Kano tana da ƙananan hukumomi 44. Kowane sauyi ya bar manomi a gonarsa, amma ya canza sunan ofishin da ke riƙe da takardarsa.

A karkarar da ke kewaye da birni wannan batu ya fi nauyi. Nan ne yankin da Mortimore da Wilson suka yi nazarin cunkosonsa a 1965, inda ba a barin gona ta huta, ake noma ta kowace damina da ƙarfin takin da jakuna ke ɗaukowa a mangala. A nan kuma Turawa suka shigo da harajin taki, malaman taki suna bin gonaki suna auna su da sawu. Kalmomi biyu ke nan masu rubutu iri ɗaya, ɗaya na raya gona, ɗaya na ɗora mata kuɗi, kuma masanin harshe ne ya fi cancanta ya rarrabe su a bakin dattijo. Rahotannin kimanta haraji da jami'an Turawa suka rubuta, waɗanda ke ajiye a Ma'adanar Tarihi ta Ƙasa da ke Kaduna, gunduma-gunduma aka tsara su. Wanda bai san gundumar da ƙauyensa yake ciki a 1920 ba, ba zai san fayil ɗin da zai nema ba.

Akwai darasi a wajen Rasha. A 1775 Sarauniya Katarina ta Biyu ta sake tsara daularta zuwa larduna da ake kira gubarniya, kowanne an raba shi gundumomi. Gwamnatin Sobiyet ta rushe tsarin a ƙarshen shekarun 1920. Duk da haka, mai binciken tarihin ƙauye ko asalin zuri'a a Rasha da Yukren da ƙasashen Baltik sai ya fara sanin tsohon lardi da tsohuwar gunduma, domin ƙidayar 1897 da sauran takardun daular a kan wannan tsari aka rubuta su. Sun daina mulki da shi, amma sun tanadi jagororin da ke nuna wane ƙauye yake ƙarƙashin wace gunduma a wace shekara. Mu kuwa gundumarmu tana raye, hakimi yana nan da dagatansa, amma irin wannan jagora da Hausa bai zama ruwan dare a ɗakunan karatunmu ba.

Wani zai ce ai Adamu Fika da C. N. Ubah da M. G. Smith sun riga sun yi aikin. Sun yi, kuma ba mai raina gudummawarsu. Sai dai daga fada da ofishin Razdan suka fi hangen lamarin, kuma da Ingilishi suka rubuta, kamar yadda Gowers ya rubuta kundin Lardin Kano na 1921. Yadda dagaci ya ji sa'ad da aka raba shi da ubangidansa na gado aka miƙa shi ga baƙon hakimi, da waƙoƙin da mata suka yi wa masu karɓar haraji, da dalilin da ya sa wata unguwa ta yi ƙaura zuwa ƙasar Kazaure, duk waɗannan a bakin mutane suke, kuma masu riƙe da su suna ƙarewa.

Wani kuma zai ji tsoron kada tone-tonen nan ya rura rikicin sarauta. Mun ga an kafa masarautun Bichi da Rano da Gaya da Ƙaraye a 2019, an soke dokar a 2024, kowane ɓangare yana kafa hujja da tarihi. A ganina rashin rubutaccen bayani ne ya ba kowa damar ya ɗinka tarihin daidai wuyansa. Idan aka san shekarar da aka yanka gunduma da wanda ya yanka ta, gardama za ta koma kan abin da ya fi amfani ga jama'a a yau.

Aikin da nake nufi bai fi ƙarfinmu ba. Sassan Hausa da na Tarihi a Jami'ar Bayero da takwarorinta za su iya raba gundumomin arewacin Kano ga ɗaliban digiri na biyu, kowa da tasa. Ɗalibi ya kawo shekarar kafuwa, da jerin hakimai, da ƙauyukan dagatai, da waɗanda aka cire ko aka ƙara, da ranakun kasuwa. Ya rubuta kowane suna yadda masu shi ke furta shi, da ƙugiya da karin sauti, domin taswirar da ta mayar da Ɗambatta "Dambarta" ba za ta gyara kanta ba. Ya gwada abin da fayil ya ce da abin da dattawa suka ce, inda suka saɓa ya rubuta duka biyun.

Gaggawar a fili take ga duk wanda ya bi hanyar Katsina ta Dawanau, ko ya leƙa Ungogo. Gonakin da malaman taki suka auna ana yanka su fulotai, sababbin unguwanni suna samun sunaye daga bakin dillalai. Ƙauyen da birni ya haɗiye kafin a rubuta sunansa da na dagacinsa, zai yi wuya jikokinsa su gane shi ko da sun je Kaduna.