Gorin Asali Da Maganar Beli

'Yan'uwana mata na Rano da Kibiya, kun san yadda ake yi wa yarinya gorin "'yar mahauta" ko "jikar bayi", har aure ya fasu. A ƙasar Indiya, dokar 1989 ta hana mai cin mutuncin talaka saboda asalinsa samun beli tun kafin kamu, don kada ya tsorata shaidu. Kotun Ƙoli ta sassauta a 2018, jama'a suka yi bore, majalisa ta maido da hanin a shekarar. Mu nan, sashe na 42 na tsarin mulkin 1999 ya hana tauye mutum saboda asalin haihuwarsa. To, uwa nawa ke kai ƙarar gori? Dattawa kan ce ta yi haƙuri, magana ta mutu a zaure.