Baturen Da Ya Ba Mu Kunya

Ran nan bayan an tashi daga aji, wani abokina ya ga littafin Basil Davidson a hannuna, sai ya ce, "Kai ma dai! Ina ruwan Bature da labarin kakanninmu?" A lokacin ban sami ta cewa ba, shi ya sa na kawo amsata nan.

Shi wannan mutum an haife shi a Bristol ta ƙasar Ingila cikin 1914. Yana da shekara 16 ya bar makaranta, daga baya ya kama aikin jarida. Sa'ad da Yaƙin Duniya na Biyu ya tashi, aka aike shi Yugoslabiya da Italiya wurin masu yaƙin sunƙuru da ke faɗa da sojan Hitila. Da yaƙi ya ƙare ya koma ga alƙalaminsa, ya juyo da hankalinsa wajen Afirka. Abin da ya rubuta game da wariyar launin fata ya sa gwamnatin Afirka ta Kudu ta hana shi shiga ƙasarta.

A zamanin nan kuwa manyan masana na ƙasarsa raina mu su ke yi. Cikin 1963 wani shaihun malami na Oxford, Hugh Trevor-Roper, ya ce wai ba mu da wani tarihi in ba na Turawan da suka shigo mana ba. Alhali tun 1959 Davidson ya riga ya fito da littafinsa, Old Africa Rediscovered, inda ya ba da labarin Kush, da Mali, da Songhai, da ganuwar duwatsu ta Zimbabwe. Cikin 1965 shi da F. K. Buah, mutumin Gana, suka shirya wa makarantu tarihin Afirka ta Yamma daga 1000 zuwa 1800. Cikin 1967 ya shiga dajin Gini Bisau tare da mayaƙan Amilcar Cabral, don ya gani da idonsa. Ya rasu cikin 2010.

To, abokina yana da 'yar gaskiya. Baƙo baƙo ne, kuma Davidson mai ƙaunarmu ne, mai ƙauna kuwa ya kan sassauta. Lalle sai mu karanta shi da ido buɗe. Amma in mun jefar da littafinsa, me mu ke da shi a hannu? Ni kaina a makarantar mishan da na yi na haddace sarakunan Isra'ila, amma ban san wanda ya kafa garinmu ba. An daɗe da cire tarihi daga darussan ƙananan makarantu na ƙasar nan, sai daga baya aka mayar. Wa zai koyar da shi? Mu ne fa.

Mutumin da bai yi jami'a ba ya ƙetare teku ya yi ta tambaya. Mu kuwa ga Tarihin Kano, ga Infakul Maisuri na Muhammadu Bello, ga kawunan yumɓu na Nok da masu haƙar kuza suka tono, ga tsofaffi a ƙofar gida, mun kasa.

'Yan'uwana, ga shawarata. Hutun nan mai zuwa kowa ya ɗauki littafin rubutu ya zauna gaban tsoho ɗaya na garinsu, ya rubuta abin da ya ji, tun ƙasa ba ta rufe bakinsa ba. Ranar da muka tara waɗannan, abokina ya zo mu sake gardamar.