Kuɗin wankin miki: a rubuta mana abin da muka biya

Duk wanda ya zauna kasuwa ya san ciniki ba ya yiwuwa sai da ma'auni. Gero da tiya ake auna shi, atamfa da turmi ko yadi, mai da kwalba. Mai saye yana ganin abin da aka auna masa, ya san kuɗinsa, kana ya sa hannu aljihu. Amma akwai ciniki guda da mu ƴan kasuwar Maraɗi muke yi ido rufe, shi ne na wankin miki a gidan likita. Ana gaya mana jimilla, mu biya, ko kuma a miƙo mana takardar magani da faransanci a ce mu je farmasi. Kompres nawa aka sa? Bandeji nawa? Kuɗin da muka biya na yau ne kaɗai, ko har zuwa warkewa? Da yawanmu ba mu sani ba, kuma nauyin tambaya muke ji.

Wannan magana ta shafe mu fiye da kowa. Mai tuyar ƙosai ko awara kullum tana bakin tafasasshen mai. Ɗan kabu-kabu da fasinjansa suna tare da salansa mai zafi da hatsarin hanya. Mahauci yana tare da wuƙa, ɗan dako da turin kura, manomin fadamar Jiratawa da lauje da fartanya. Ga masu ciwon suga da ƙafarsu ke yin gyambo, ga matan da aka yi wa aiki wajen haihuwa. Miki kuwa ba kamar zazzaɓi ba ne da za a sha magani kwana uku a tashi. In likita ya ce a riƙa zuwa wanki bayan kowane kwana biyu har sati uku, zuwa goma ke nan. Kowane zuwa da kuɗin kaya, da kuɗin mota ko babur ga wadda za ta taso daga ƙauyukan Tibiri, ga kuma cinikin ranar da ya wuce ta. Matar da jarinta bai fi jika goma ba, in ba ta san abin da ke gabanta ba, sai ta je sau biyu ta daina, ta koma ga toka da tsumma. Ƙaramin rauni ya zama gyambo, wani lokaci har ya kai ga yanke ƙafa.

Bari mu duba yadda wasu ƙasashe suka auna wannan ciniki. A Amurka akwai inshorar lafiya ta gwamnati mai suna Medicare, wadda aka kafa a 1965 domin tsofaffi. Wanda ya ba maras lafiya kayan ɗaurin miki ba ya samun kuɗinsa sai ya rubuta lambar kowane kaya daga wani kundi da ake kira HCPCS. Yawancin kayan miki lambarsu tana farawa da A6. Kompres mai tsabta da ba a buɗe ba lambarsa dabam, wanda ba a kashe wa ƙwayoyin cuta ba tasa dabam, ƙarami da babba ma ba lamba ɗaya ba. Bayan lambar sai a ƙara wata ƴar alama, daga A1 zuwa A9, mai nuna miki nawa ake ɗaurewa da kayan: A1 miki ɗaya, A2 biyu, har zuwa A9, wato tara ko fiye. A Faransa ma, kundin ayyukan jinya ya raba wankin miki gida biyu: na yau da kullum ana rubuta shi AMI 2, babba mai wuya kuma AMI 4, kowane da kuɗinsa.

Ba muna cewa a kwaso mana tsarin Amurka ba ne. Can ma yana da nasa ciwon kai. Lambobin sun yi yawa har akwai ma'aikatan da ba su da wani aiki sai rubuta su, kuma mantuwar alama guda kan sa a ƙi biyan kuɗi. Abin da za mu ɗauka daga gare su tambayoyi uku ne kawai, waɗanda kowace mai tallar goro ta san su: wane kaya ne, guda nawa, nawa ne kuɗinsa.

To mu a Nijar yaya lamarin yake? Bayan shirin Bamako na 1987, ƙasarmu ta kafa dokar 1995 wadda ta sa maras lafiya ya riƙa biyan wani kaso a ƙananan gidajen likita, kuɗin su zauna ƙarƙashin kulawar kwamitin jama'a da ake kira COGES, a riƙa sayo magani da su. A 2005 gwamnati ta ce aikin fiɗa wajen haihuwa kyauta ne, a 2006 ta ƙara da yara ƴan ƙasa da shekara biyar da awon ciki. Daga ranar 1 ga Satumba 2024 kuma aka rage rabin kuɗin ayyuka da yawa a asibitocin gwamnati, haihuwa ta zama kyauta. Duk waɗannan matakai ne na alheri. Sai dai ragin rabi ba ya da ma'ana ga wanda bai san cikakken kuɗin ba tun farko. In wani ya ce ya rage maka rabin kuɗin buhun masara bai faɗa maka nawa yake sayarwa ba, da me za ka gane ragin?

Ma'aikatan jinya suna da tasu hujja, kuma ya kamata mu saurare ta. Shekara da shekaru bayan 2006 gidajen likita suna yi wa yara da mata aiki kyauta, kuɗin da gwamnati za ta mayar musu yana makara, har ɗakin magani ya zama wayam. In babu kompres a kabad, manjo ba shi da abin yi sai ya rubuta a je a sayo. Za su ce kuma aiki ya yi musu yawa, ba su da lokacin dogon rubutu, kuma yawancin masu zuwa ba su iya karatu ba. Amsarmu ita ce, rubutun nan kariya ce gare su kafin kowa. Yau in ma'aikaci ya karɓi kuɗin halal, maras lafiya yana fita yana zarginsa. Mai gaskiya da maras gaskiya duk an haɗa su kwando ɗaya. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, rashin rasidi kuwa shi ne tsagar. Ita ma gwamnati za ta fi saurin biyan bashin da aka rubuta dalla-dalla bisa wanda aka kawo mata a dunƙule. Zancen karatu kuwa, matar da ba ta je lakwal ba tana riƙe lissafin adashin mutum talatin a ka, kuma kusan kowane gida yanzu da ɗan makarantar da zai karanta mata.

Ga abin da muke roƙo, daga CSI na unguwanni da ƙauyuka har babban asibitin jiha, da na kuɗi masu zaman kansu. Na farko, a kafa allo a ƙofar ɗakin wankin miki, da Hausa da faransanci, boko da ajami, mai nuna kuɗin ƙaramin miki, matsakaici da babba, da kayan da ke cikin kuɗin. Na biyu, allon ya faɗi a fili ko kuɗin da aka biya ranar farko ya haɗa da sauran zuwa, da kuma waɗanda aka yafe wa biya. Na uku, kowane biya a ba da rasidi mai kwanan wata, da yawan mikin da aka wanke, da kayan da aka sa. Na huɗu, in maras lafiya ya sayo kaya daga farmasi, abin da ya rage nasa ne, a mayar masa ko a ajiye da sunansa domin zuwa na gaba. Na biyar, tun ranar farko a gaya masa kimanin sau nawa zai dawo, domin ya shirya aljihunsa. Babu ɗaya cikin waɗannan da ke buƙatar kwamfuta. Allo, alli da ƙaramin littafin rasidi sun isa.

Mu ma da namu aikin. Kwamitin COGES na jama'a ne, amma sau nawa ƴan kasuwa suka halarci zamansa? Shugabannin kasuwa da na ƙungiyoyin mata su nemi kujera a ciki, su tambayi lissafi cikin ladabi. Ƙungiyoyin Mata Masu Dubara, da suka samo asali a nan jihar Maraɗi a 1991, sun nuna wa duniya cewa mata na iya riƙe asusu ba tare da dala ta ɓata ba. To a ware ɗan kaso cikin asusun domin ƙuna da rauni, kada ƴar ƙungiya ta katse wanki don rashin kuɗin mota. Kuma mu daina sayen bandeji da kompres da suka sha rana da ƙura a kan tebur don sun fi araha, domin kompres da ledarsa ta huje ya tashi daga mai tsabta. In ƙuna ta samu, a zuba ruwa mai sanyi mai tsabta na kamar minti 20, a rufe da ƙyalle mai tsabta, a nufi likita, kada a shafa toka ko man goge baki. In ƙarfe ko ƙusa ce ta ji ciwon, a tambayi allurar tetanus.

Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Mun yarda mu biya abin da doka ta ce mu biya, domin mun san kaya ba sa zuwa kyauta. Abin da muke so kawai shi ne a auna mana a gabanmu, kamar yadda mu ma muke auna wa ma'aikatan likita in sun zo kasuwa sayen hatsi. Allah ya ba marasa lafiyarmu sauƙi, ya kuma sa masu wannan alhaki su ji.