Hannun da ya fara motsi a cikin kwamfuta

Wannan makon muna tare da masu cika bayan littafin rubutu da zane-zane, amma da malamin lissafi ya shigo sai hamma. Mun san ku, don mu ma mun yi.

A Amurka an yi wani yaro, Ed Catmull, wanda ba shi da buri sai na zana katun a kamfanin Disney. Da ya tasa ya dubi zanensa da idon basira, sai ya ga hannunsa bai kai ba. Ya haƙura, ya karanci fiziks da ilimin kwamfuta a Jami'ar Utah.

A lokacin kwamfuta tana rarrafe ne a fagen zane. A 1963 ne Ivan Sutherland ya fito da manhajar Sketchpad, wadda ake jan layi da ita a fuskar allo da wani alƙalami mai gane haske. Sutherland ɗin nan kuwa yana cikin malaman da suka koyar da Catmull.

A 1972 Catmull ya kwaɓa filasta ya fitar da siffar hannunsa na hagu. Ya manta bai shafa mai ba, wajen cirewa filastar ta tuge masa gashin bayan hannu. A jikin siffar ya zana ƙananan alwatika da makamantansu har kimanin 350. Ya auna mazaunin kowace kusurwa da lambobi uku: x da y, waɗannan dai da kuke gudu a darasin giraf, sai z mai nuna zurfi. Ya bi su ɗaya bayan ɗaya ya shigar a kwamfuta, aikin da a ganinmu ya fi tsince tsakuwa a shinkafa cin rai. Daga nan ya rubuta manhajar da ke sauya lambobin. Lambobi na sauyawa, sai ga hannu a allo yana dunƙulewa, yana buɗewa, yana nuni da yatsa.

An saka hannun a fim ɗin Futureworld a 1976. Catmull na cikin waɗanda suka kafa Pixar, kamfanin da ya fitar da Toy Story a 1995, dogon fim na farko da aka zana kacokan da kwamfuta. 'Yan ƙwallon da kuke bugawa da su a waya ma da irin waɗannan alwatika aka gina su, sai dai nasu dubbai ne.

Aikin gida: ku samo lemo, ku rufe jikinsa da alwatika da biro, ku ƙirga. Sai mako mai zuwa.