Kujera Ɗaya, Garuruwa Uku: Wa Ke Ci?

Jama'ar Kalgo da Bunza, ku matso mu yi lissafi.

A 1951 talakan ƙasar Gwandu ba ya zaɓen wakili da hannunsa. Sai ya zaɓi wani, wannan ya zaɓi wani, kafin a kai sama En'e ta tace wanda ba ta so. Zaɓen tarayya na kai tsaye bai zo ba sai 1959, shi ma maza kaɗai. Iyayenmu mata kuwa sai da suka jira 1979.

To, an ba mu ƙuri'a. Ina wakilin?

An yi Jihar Kebbi a 1991, Birnin Kebbi ta zama hedkwata, ta cika ta batse. Amma tun 1999 ita da Kalgo da Bunza kujera ɗaya tak suke da ita a Majalisar Wakilai. Birni ya fi yawan ƙuri'a, don haka manyan gidajen birni ke yanka, na ƙauye su ɗauki ƙashi. Manomin da ambaliyar 2020 ta cinye wa shinkafa a fadama, wa ya san ƙofar gidansa in ba lokacin zaɓe ba?

Sashe na 73 na tsarin mulki ya ɗora wa hukumar zaɓe sake duba iyakokin mazaɓu. Fiye da shekara ashirin ba ta gusar da ko turke ɗaya ba. Barci take yi, ko ido ta rufe?

In ɗan takara ya shigo kasuwa da sabulu da atamfa, ku tsai da shi a bakin rumfa. Ku tambaye shi sashe na 73, a gaban jama'a.