Raddi ga Masu Cewa Fim Aikin Na'ura Ne Kawai

Tun da 'yan'uwan Lumière suka haska fim ga masu biyan kuɗi a Paris ranar 28 ga Disamba 1895 ake ta nanata cewa silima ba ta da gurbi a sahun zane da kiɗa da waƙa. Hujjar farko ta masu wannan ra'ayi ita ce kyamara kwafar abin da ke gabanta take yi, ba ta da zaɓi. To, ai mai riƙe da ita yana da shi. Kamar yadda darakta Pudovkin ya ruwaito, a Rasha mai shirya fim Lev Kuleshov ya haɗa hoto guda na fuskar ɗan wasa Mozzhukhin da kwanon miya, sannan da gawa cikin akwati. 'Yan kallo suka ga zurfin tunani a nan, suka ga baƙin ciki a can, alhali fuskar ko gezau ba ta yi ba. Wanda ya jera hotunan shi ya haifar da ma'anar.

Sun kuma ce fim wasan kwaikwayo ne da aka adana. Nan akwai ƙamshin gaskiya, domin kamfanin Film d'Art da aka kafa a Faransa a 1908 kwaso 'yan wasan dandamali ya yi ya tsayar gaban kyamara. Sai dai masani Hugo Münsterberg ya warware wannan tun 1916. Ɗan kallon dandamali yana zaune wuri ɗaya, tazararsa ba ta sauyawa. A fim kuwa, idan aka matso da kyamara kusa da hannu mai rawa, an yi wa ɗan kallo aikin da hankali ke yi lokacin da ya tattaru kan abu guda. Idan aka koma da labari baya, an yi aikin tunawa. Duk wanda ya kalli fuskar 'yar wasa Falconetti a fim ɗin darakta Dreyer na 1928 kan Jeanne d'Arc ya san dandamali ba zai iya ba shi wannan ba.

Batun cewa fim kasuwanci ne, wanda Kotun Ƙolin Amurka ta dogara da shi a 1915, ita kanta kotun ta janye shi a 1952. Ai mai zane Michelangelo ma biyansa Paparoma ya yi.

Tambaya mai nauyi ita ce ta masani Rudolf Arnheim, wanda a 1932 ya jingina fasahar fim da rashin sauti da launi. Da zuwan magana, ashe fasahar ta mutu ke nan? A'a, domin sautin ma zaɓarsa ake yi. A fim ɗin M na Fritz Lang, 1931, da fitonsa ake gane makashin kafin a gan shi.